Gyara a Cinikin Bayi: Makaho Tom da Waɗanda Suka Ci Guminsa

Duk wanda ya taɓa awon gero ko dawa a kasuwar Illela, ko a garuruwan da ke kewaye da ita irin su Gidan Katta, ya san gyara. Idan an gama ciniki an cika kwano, mai saye kan nemi a yi masa gyara, mai sayarwa kuma ya ɗebi ɗan abin da bai kai a sa masa kuɗi ba ya ƙara, don a rabu cikin daɗin rai. A shekarar 1850, a jihar Jojiya da ke kudancin Amurka, an yi wani ciniki wanda ɗan Adam ne gyaransa. An sayar da wata mata mai suna Charity da mijinta Mingo ga wani lauya na garin Columbus, Janar James Neil Bethune, aka haɗa masa da jaririnsu makaho. A lissafin masu gonakin auduga, bawan da ba ya gani baki ne mai ci wanda ba zai taɓa riƙe fartanya ba, saboda haka ba a sa masa farashin kirki ba. Hasali ma malaman fiƙihun Malikiyya sun san wannan lissafi, shi ya sa suka hana a 'yanta makahon bawa a matsayin kaffara, domin kada mutum ya sauke nauyin da ke kansa da abin da ya riga ya rasa daraja a kasuwa.

Jaririn nan shi ne Thomas Wiggins, wanda duniya ta sani da Blind Tom, wato Makaho Tom. An haife shi ranar 25 ga Mayu, 1849, a gundumar Harris. Kafin ya cika shekara 12 ya riga ya buga fiyano a fadar shugaban Amurka, daga baya kuma ya zama ɗaya daga cikin makaɗan da suka fi tara jama'a da kuɗi a ƙasar a ƙarni na 19. A rubutun Hausa kalmar baiwa iri ɗaya ce, ko ana nufin macen da aka mallaka ko kyautar da Allah ya yi wa mutum, karin sauti ne kawai ke raba su. A rayuwar Tom ma'anonin biyu sun zauna a ɗaki guda: ɗan baiwa ne mai baiwa, kuma wanda ya mallaki ta farko ya ɗauka ya mallaki ta biyun. Abin da ya sa labarinsa ya cancanci a tsaya a kansa shi ne yadda aka mayar da naƙasarsa makami har sau biyu. An yi amfani da ita aka kore masa hankali, don kada kiɗansa ya zama hujja a kan masu cewa baƙar fata ba ya ƙirƙira. Sannan aka sake amfani da ita a gaban alƙalai, aka ci gaba da riƙe shi fiye da shekara 40 bayan doka ta soke bauta.

Tun yana rarrafe aka lura sauti ne duniyarsa. Yakan kwaikwayi carar zakara, da kukan tsuntsaye, da ɗigar ruwa a kan rufi, yakan kuma maimaita doguwar hirar manya kalma bayan kalma, alhali shi kansa da ƙyar yake iya faɗin abin da yake so. 'Ya'yan Bethune mata suna koyon fiyano a gida, yaron kuwa yakan raɓe yana saurare. Wata rana ya isa ga fiyanon ya fitar da abin da ya ji suna bugawa. Ana danganta masa wani kiɗa mai suna The Rain Storm, wanda aka ce ya tsara shi yana da kimanin shekara biyar, bayan ya saurari ruwan sama mai ƙarfi yana dukan rufin kwano. Bethune lauya ne kuma ɗan jarida, jaridarsa The Corner Stone tana cikin na farko da suka yi kiran jihohin Kudu su ɓalle daga tarayya, kuma bai ɗauki lokaci ba ya gane abin da ya faɗo hannunsa. A 1857 ya fito da yaron gaban jama'a a Columbus, yana ɗan shekara takwas. Ba da jimawa ba ya ba da hayarsa ga wani dillalin wasanni, Perry Oliver, na tsawon shekara uku a kan dala 15,000.

Mai karatu Bahaushe zai iya tuna murgu, tsarin da aka sani a daular Sakkwato, inda bawa yake fita ya yi sana'arsa yana biyan ubangidansa wani abu da aka yanka masa. Murgu ma zalunci ne, amma yana da ƙofa: abin da ya saura bayan biya na bawan ne, kuma wasu da shi suka tara kuɗin fansar kansu. Hayar Tom ba ta da wannan ƙofa. Ciniki ne tsakanin Turawa biyu, yaron kuwa kaya ne da ake ɗorawa a jirgin ƙasa daga gari zuwa gari, wani lokaci ya yi wasa sau da yawa a yini ɗaya, an raba shi da uwarsa. A 1860 ya buga wa Shugaba James Buchanan kiɗa, kuma shi ake lissafawa baƙar fata na farko da aka gayyata ya yi wasa a Fadar White House. A shekarar ce aka buga kaɗe-kaɗensa biyu a takarda, ɗaya ma sunan dillalin aka sa masa, Oliver Galop.

Nan ne wahalar masu kare bauta ta fara. Tun a shekarun 1780 Thomas Jefferson, wanda daga baya ya zama shugaban ƙasa na uku, ya rubuta a littafinsa kan jihar Birjiniya cewa baƙaƙe sun fi Turawa kunnen kama kari da amo, amma ba a riga an ga shaidar cewa za su iya tsara dogon kiɗa mai sarƙaƙiya ba. Wannan ra'ayi ya zama ginshiƙi: a yarda baƙar fata yana da kunne da jiki, a hana shi ƙwaƙwalwa. Jihar Jojiya ta ƙara wa ginshiƙin ƙarfi da dokar 1829 wadda ta haramta koya wa bayi karatu da rubutu. To ga yaro baƙi, ɗan bayi, yana buga kiɗan Bach da Beethoven da Liszt, yana kuma tsara nasa. Ko dai a rushe ginshiƙin, ko a nemo bayanin da zai bar shi a tsaye.

Aka nemo bayanin a jikin yaron. Tom yana da ɗabi'un da mutanen zamaninsa ba su da sunan da za su kira su da shi sai wauta. Yakan tsaya da ƙafa ɗaya yana juyi, yakan karkaɗa jiki ba ƙaƙƙautawa, yakan kira kansa da suna kamar yana maganar wani, idan ya gama kiɗa yakan riga 'yan kallo tafa wa kansa. Likitan ƙwaƙwalwa Oliver Sacks da wasu marubuta na baya-bayan nan sun ga alamun lalurar da ake kira otizim a cikin waɗannan bayanai, wadda kafafen Hausa sukan fassara da galahanga. A lokacinsa kuwa masu tallarsa sun mayar da ɗabi'un wani ɓangare na wasan. Kafin ya zauna a fiyano, mai gabatarwa yakan shaida wa jama'a cewa abin da za su gani dolo ne wanda bai san komai ba, bai taɓa koyon kiɗa ba, sauti ne kawai yake shiga ya fita. Daga nan sai a kira wani makaɗi daga cikin 'yan kallo ya buga sabon kiɗa, Tom ya maimaita masa. Yakan juya wa fiyano baya ya buga. Yakan buga waƙa ɗaya da dama, wata da hagu, yana rera ta uku da baki. Yakan kawo jawabin ɗan siyasa Stephen Douglas da muryarsa, har da ihun 'yan gangami. Mutane su fita suna cewa sun ga aku, ko amsa-kuwwa, masu harkar kiran ruhohi kuma su ce wani mataccen makaɗi ne yake amfani da yatsunsa. Kowane bayani an karɓa, muddin bai ce yaron yana tunani ba.

Wannan hanya ta haɗa launin fata da taɓin hankali tana da tarihi a siyasar Amurka. Ƙidayar jama'a ta 1840 ta fito da alƙaluman da ke nuna wai hauka ya fi yawa nesa ba kusa ba a tsakanin baƙaƙe 'yantattu na Arewa a kan bayin Kudu. Wani likita, Edward Jarvis, ya bi takardun ya gano an rubuta mahaukata baƙaƙe a garuruwan da babu baƙar fata ko ɗaya. Duk da haka a 1844 sakataren harkokin waje John C. Calhoun ya kafa hujja da alƙaluman cewa 'yanci yana haukata baƙar fata. A 1851 wani likita, Samuel Cartwright, ya ƙirƙiro wa bawan da ke gudu cuta, ya ce ciwon hankali ne ke sa shi tserewa. Cikin irin wannan iska aka ɗora Tom a dandamali. Marubuciya Rebecca Harding Davis ta rubuta a kansa a mujallar Atlantic Monthly a 1862 cikin tausayi na gaske, amma ita ma ta kwatanta shi da ruhi mai kyau da aka kulle a jikin dabba. A 1866 likita Édouard Séguin ya sa shi cikin littafinsa kan dolanci. Mark Twain, wanda ya haɗu da shi a jirgin ƙasa yana kwaikwayon ƙugin inji, ya yi ta komawa kallonsa dare bayan dare, ya rubuta a 1869 cikin mamaki da ba'a a haɗe.

Abin da ba a faɗa wa 'yan kallo shi ne Tom yana da malamai. Iyalin Bethune sun ɗauko masa ƙwararru, wasu suna tafiya tare da shi, kuma a birnin Niyok wani makaɗi mai suna Joseph Poznanski ya yi shekaru yana koyar da shi yana kuma rubuta abin da ya tsara. Yana shafe sa'o'i masu yawa kullum a kan fiyano. An ɓoye wannan domin ɗalibi mai naci ba ya tara jama'a kamar yadda abin al'ajabi yake tarawa. Wasu kaɗe-kaɗensa ma da sunayen aro aka buga su, irin su François Sexalise da Farfesa W. F. Raymond. A 1866, da aka kai shi Turai, manyan makaɗa biyu, Ignaz Moscheles da Charles Hallé, suka jarraba shi suka rubuta masa shaida. Moscheles ya danna maɓallai barkatai a lokaci guda, Tom ya lissafa masa sautin kowanne.

Wanda yake son ya san ko akwai tunani a bayan yatsun nan, ya saurari The Battle of Manassas, kiɗan da ya tsara kan gumurzun farko mai girma na Yaƙin Basasa, wanda aka yi ranar 21 ga Yuli, 1861, Kudu ta yi nasara. Tom bai ga yaƙi ba, labari ya ji, sai ya gina shi da sauti. Kiɗan yana farawa da rundunar Kudu tana tahowa daga nesa da ganga da sarewa, a hankali har ta matso. Sai ta Arewa ta fito da nata taken. Sai shirun daren jajibiri, sai ƙaho. Idan faɗa ya kaure, waƙoƙin da kowane Ba'amurke ya sani suna tafiya a hannun dama, hannun hagu kuma yana faɗawa kan tarin maɓallai na ƙasa gaba ɗaya, a madadin igwa, yana tsinka waƙar a inda ba a zata ba. Can sai ga jirgin ƙasa ya kawo wa Kudu gudummawar soja, makaɗin yana yin ƙugin jirgin da fito da bakinsa yana ci gaba da bugu, daga nan rundunar Arewa ta watse a guje. Wannan dabara ta danna curin maɓallai da tafin hannu, sai bayan kusan rabin ƙarni Henry Cowell ya yi suna da ita, aka kira shi mai sabunta kiɗa. Aku yana maimaita abin da ya ji ne a yadda ya ji shi. Wanda ya zaɓi abin da zai fara, da inda igwa za ta katse waƙa, da lokacin da jirgi zai iso, ya yi aikin mai tsarawa. Abin baƙin ciki a nan shi ne kiɗan murnar nasarar masu bautar da shi ne, kuma a lokacin yaƙin an yi ta amfani da wasanninsa wajen tara wa rundunar Kudu kuɗi. Wannan ya sa jaridun baƙaƙe da dama suka ja baya da shi, ko da yake James Monroe Trotter, baƙar fata da ya rubuta tarihin makaɗan jinsinsa a 1878, ya ba shi babi guda.

Bethune ya hango faɗuwar Kudu kafin ta faɗi. A 1864 ya sa Mingo da Charity, waɗanda doka ta hana su koyon karatu, suka amince da wata yarjejeniya da ta ba shi riƙon Tom har ya kai shekara 21. Aka yi wa iyayen alkawarin dala 500 a shekara da abinci da wurin kwana, Tom kuma dala 20 a wata da kashi 2 cikin 100 na riba. Kusan duk abin da ya rage na Bethune ne. Yarjejeniya ce tsakanin ubangida da bayinsa, a lokacin da kalmar a'a ba ta cikin abin da bawa yake iya furtawa. A 1865 wani baƙar fata mai shirya wasanni, Tabbs Gross, ya kai ƙara a Cincinnati yana cewa shi ma yana da yarjejeniya a kan yaron, alƙali ya bar shi a hannun Bethune. A watan Disamba na shekarar aka tabbatar da gyara na 13 ga tsarin mulkin Amurka, wanda ya haramta bauta. Kimanin mutum miliyan huɗu suka fita daga mallaka, Tom kuwa yana cikin jirgin ƙasa zuwa wasa na gaba.

Da wa'adin yarjejeniyar ya zo ƙarewa sai aka koma ga naƙasa. A 1870, shekarar da ya cika 21, iyalin Bethune, waɗanda suka riga suka sayi gona kusa da Warrenton a Birjiniya, suka je kotun jihar aka yanke cewa Tom ba shi da cikakken hankali, aka naɗa John Bethune, ɗan Janar, waliyyinsa. Babu shakka mutum irin Tom yana buƙatar mai kula da shi. Ba ya iya lissafin kuɗi, ba ya iya tafiya shi kaɗai. Amma uwarsa tana da rai, kuma waliyyi amana ake ba shi, ana tambayarsa inda dukiyar wanda yake riƙo ta shiga. John Bethune ya zuba kuɗin a dawakin sukuwa. Masu binciken tarihin Tom sun ƙiyasta abin da iyalin suka samu daga gare shi da kimanin dala 750,000, a zamanin da lebura yake yini a kan dala ɗaya ko biyu. Dubi yadda tallar da shari'ar suka tallafi juna: kowane dare ana shelanta dolancinsa a dandamali don a sayar da tikiti, shelar nan kuma ita ce shaidar da ta sa babu wanda ya yi mamakin hukuncin kotu.

Mutanen iyakar Illela da Ƙonni ba sa buƙatar a yi musu dogon bayani kan yadda bauta take sauya riga idan doka ta kore ta. A Arewacin Nijeriya, shelar Lugard ta 1901 ta 'yanta yaran da za a haifa daga watan Afrilu na shekarar, amma sai 1936 aka soke bauta gaba ɗaya, kuma a tsakanin nan mata da yawa sun wuce daga hannu zuwa hannu da sunan fansa ko sa-ɗaka. A tsallaken iyaka, a yankin Birnin Ƙonni, an sayar da Hadijatou Mani a 1996 tana da shekara 12, a kan sefa 240,000, a matsayin wahaya. Nijar ta mayar da bauta laifi a 2003. A 2005 mutumin da ya saye ta ya ba ta takardar 'yanci, sannan ya hana ta tafiya, ya ce ai matarsa ce. Da ta auri wanda take so, kotu ta yanke mata ɗaurin wata shida da laifin aure kan aure. Sai ranar 27 ga Oktoba, 2008, kotun ƙungiyar ƙasashen Afirka ta Yamma ta yanke cewa bauta aka yi mata, ƙasar Nijar kuma ta gaza kare ta, aka umarci a biya ta sefa miliyan 10. Ita an kira mallakarta aure, shi an kira tasa walicci. Bambancin shi ne Hadijatou ta iya tsayawa gaban alƙalai ta yi magana da bakinta, tare da taimakon ƙungiyar Timidria. Tom kuwa hukuncin da ya ɗaure shi shi ne ya soke ƙimar maganarsa.

'Yancin da aka ce ya samu daga baya ma wasan manya ne. John Bethune ya auri wata mata mai gidan haya a Niyok, Eliza Stutzbach, a 1882, auren bai yi daɗi ba, ya mutu a haɗarin jirgin ƙasa a 1884, wasiyyarsa kuma ta cire ta daga gado. Eliza ta nemo Charity daga Jojiya, aka shigar da ƙara da sunan uwa mai neman ɗanta. Bayan shekaru ana fafatawa, a 1887 kotun tarayya ta umarci tsohon Janar ya miƙa Tom. Jaridu suka yi ta kiransa bawa na ƙarshe a Amurka. Amma riƙon a hannun Eliza ya faɗa, wadda ta auri lauyan da ya yi mata shari'ar, Albrecht Lerche. Aka ci gaba da yawon wasa kamar da. Charity ta koma Jojiya ba ɗa ba dukiya, ta rasu a 1902. Abin da ya canza a fili shi ne suna: wanda aka daɗe ana tallatawa da Thomas Greene Bethune ya koma amsa sunan Wiggins.

Akwai wani makahon makaɗin fiyano baƙar fata a wannan zamani wanda rayuwarsa take nuna cewa ba makanta ce ta yanke wa Tom hukunci ba. John William Boone, wanda ake kira Blind Boone, an haife shi a Missouri a 1864, ya rasa idanunsa yana jariri. Shi ma yana yaro wani ɗan caca ya taɓa ɗauke shi yana yawo da shi yana karɓe abin da ya samu. Amma ya yi karatu a makarantar makafi ta St. Louis, kuma ya haɗu da John Lange, baƙar fata ɗan kwangila a garin Columbia, wanda ya zama manajansa kuma abokin kasuwancinsa. A 1880, da Tom ya zo wasa Columbia, Boone ne ya hau dandamali ya maimaita kiɗan da Tom ya buga. Boone ya auri ƙanwar Lange, ya mallaki gida, ya yi kyauta ga majami'u da makarantu, taken kamfaninsa kuma yana cewa cancanta ce ke cin nasara ba tausayi ba. Gaskiya ne Boone ba shi da lalurar ƙwaƙwalwa irin ta Tom, saboda haka kwatancen yana da iyaka. Amma shekara 15 da ke tsakanin haihuwarsu su ne suka raba wanda aka haifa kaya da wanda ya tashi bayan an karya kasuwar.

A ƙasar Hausa ma akwai ma'auni. An haifi Malam Aliyu Namangi a ƙasar Zazzau wajen 1894, lokacin da Tom yake tsakiyar yawonsa a hannun Eliza, kuma lokacin da rinjoji suke cike da bayi a masarautar. Ya makance tun yana ƙarami, ya yi karatu da kunne, ya tsara Waƙoƙin Imfiraji, wasu suka rubuta masa, aka buga su a Zariya da sunansa. Jami'ar Ahmadu Bello ta ba shi digirin girmamawa, ya rasu a 1990. Babu wanda ya ce aljani ne yake yi masa waƙa, domin al'ummarsa ta saba ganin makaho mahaddaci, kuma ta ba makafi tsari nasu da Sarkin Makafi a manyan birane, har a Sabo ta Ibadan, inda masanin zamantakewa Abner Cohen ya tarar da shi a shekarun 1960. Sai dai bai kamata a yi saurin yabon kai ba. Tsarin da ya ba makaho sarki shi ne kuma ya yanka masa bara a matsayin sana'a, kuma baitocin Namangi sun fi yawo a bakin makafi masu bara a tasha da ƙofar masallaci fiye da a ɗakin karatu. Namangi ɗa ne, ba bawa ba, kuma ta ƙofar malanta ya shiga, wadda ta fi ta makaɗa daraja a idon Bahaushe. Da a rinji aka haife shi, da wuya a ce yau an san sunansa.

Shekarun ƙarshe na Tom sun wuce cikin ɓoyo. A 1903 Eliza ta sa shi a gidajen wasan barkwanci da raye-raye, irin wuraren da a da ake ganin sun yi masa ƙanƙanta. A ƙarshen 1904 shanyewar ɓarin jiki ta tsayar da shi daga fita. Ya zauna a wani gida a Hoboken, jihar New Jersey, maƙwabta suna jin fiyano dare da rana ba tare da yawancinsu sun san wane ne a ciki ba. Ya rasu a watan Yuni na 1908 yana da shekara 59. Bayan shekara goma Willa Cather, wadda ta taɓa kallonsa, ta saka wani makahon makaɗi mai kama da shi a littafinta My Ántonia, da irin siffofin da aka saba jingina masa.

Wadda ta tono shi daga ƙarƙashin wannan tarin ita ce Geneva Handy Southall, baƙar fata masaniyar kiɗa a Jami'ar Minnesota, wadda ta fitar da littattafai uku a kansa tsakanin 1979 da 1999, kowanne da kalmar bauta a sunansa. Ta bi takardun kotu da tallace-tallacen jaridu da rubutattun kaɗe-kaɗensa, ta nuna malamansa da kuɗin da aka ci. A ƙarshen shekarun 1990 makaɗin fiyano John Davis ya ɗauki kaɗe-kaɗen Tom a faifai, mutane suka ji su ba tare da mai gabatarwa ya riga ya gaya musu cewa dolo ne ya yi su ba. Deirdre O'Connell ta fitar da tarihin rayuwarsa a 2009. An binne shi a maƙabartar Evergreens da ke Brooklyn, kabarin ya zauna babu alama har 2002, lokacin da aka kafa masa dutse. A Columbus kuwa akwai masu cewa wata 'yar Janar Bethune ta sa an ɗauko gawar an mayar da ita gonar iyalinsu a Jojiya, kuma can ma an kafa masa alama tun 1976.